Daga Brooks: Yadda Ƙaramin Gari Ke Riƙe Filin Ƙanƙara

Assalamu alaikum 'yan uwa na gida, da fatan kowa yana lafiya. Duk wanda ya ga hoton filin hoki na Kanada, wasan da ake bugawa da sanda a kan ƙanƙara, yakan ɗauka wani tafki ne ya daskare aka kafa masa rufi. Ƙanƙarar nan ta inji ce, kaurinta bai wuce gaɓar yatsa da kaɗan ba, kuma a kan daɓen siminti take zaune. Abin da ya kamata mutum ya gani ba ya fitowa a hoto, yana ƙarƙashin daɓen da cikin wani ɗaki a bayan gini wanda ba a barin kowa ya shiga.

Brooks gari ne a kudancin lardin Alberta, tafiyar awa biyu a mota daga Calgary, mutanensa kusan 15,000. Abin da ya tara baƙi a nan shi ne babbar mayankar shanu da kamfanin JBS ya saya a 2013, shi ya sa a titi za ka ji Larabcin Sudan, Somaliyanci, Amharik da harsunan Filifin. Garin da a wurinmu bai fi hedikwatar ƙaramar hukuma ba yana da gine-ginen ƙanƙara biyu. Ɗaya yana cikin cibiyar wasanni ta JBS Canada Centre, tare da wurin ninƙaya da filin wani wasan tura dutse a kan ƙanƙara. Ɗayan shi ne Centennial Regional Arena, wanda aka buɗe a 2010, shekarar da Brooks ya cika ɗari da zama ƙauye mai hukuma. Yana ɗaukar 'yan kallo kusan 1,800 a zaune. Nan ne gidan ƙungiyar matasa ta Brooks Bandits, wadda ta fara wasa a 2000, ta ci kofin ƙasa na ajinta a 2013, 2019, 2022 da 2023. Na 2019 a wannan filin aka buga shi. Shahararren ɗan wasan hoki Cale Makar ya yi wasa a nan kafin ƙungiyar ƙwararru ta Colorado Avalanche ta ɗauke shi a 2017, ya kuma ci kofin Stanley, babban kofin ƙwararrun hoki, da ita a 2022.

Da can ƙauyukan Kanada ruwa kawai suke malalawa a fili idan hunturu ya shiga, su jira sanyi ya yi aikinsa. Daga baya aka riƙa kafa rumbun katako a kai don kare iska da dusar ƙanƙara, amma har lokacin sanyin Allah ne ke daskarar da ruwan. Ƙanƙarar inji ta shigo ƙasar a 1911, a Vancouver da Victoria, ta daɗe kuma kafin ta kai ƙananan garuruwa. Bayan yaƙin duniya na biyu aka gina filaye da yawa don tunawa da sojojin da suka mutu, sai kuma wajen 1967, lokacin da ƙasar ta cika shekara ɗari, gwamnati ta zuba kuɗi aka gina wasu birjik. A kudancin Alberta akwai ƙarin dalili na neman inji: wata iska mai ɗumi, Chinook, takan sauko daga duwatsu a tsakiyar hunturu, jiya ana digiri 20 ƙasa da sifili, yau filin waje ya koma kududdufi.

Filin da ake amfani da shi a nan tsawonsa ƙafa 200 ne, faɗinsa ƙafa 85, wato wajen mita 61 da mita 26, kusurwoyinsa a lanƙwashe. A cikin daɓen an jera bututun roba, tazarar santimita 10 tsakanin kowane biyu. Idan aka haɗa tsawonsu ana samun kusan kilomita 15. Ruwan da ke zagayawa a ciki ruwan gishiri ne na musamman ko gilaikol, wanda ba ya daskarewa ko ya kai digiri 9 ko 10 ƙasa da sifili. Shi ke tsotse zafin daɓen ya kai ɗakin inji, inda kwamfaresa da amoniya, wani gas na sanyaya mai guba, ke karɓar zafin su fitar da shi ta na'urar da ke bayan gini. Wanda ya san ɗakin sanyi na 'yan kifi ko masana'antar ƙanƙarar da ake rububinta da azumi ya riga ya san tsarin, girma ne kawai ya bambanta.

Ƙarƙashin daɓen akwai shimfiɗar kumfar roba mai hana zafi ratsawa, ƙarƙashinta kuma, abin mamaki, wani jerin bututu ne na ruwan ɗumi. Dalilinsa shi ne idan sanyi ya yi ta nutsewa cikin ƙasa wata da watanni, danshin ƙasar kan daskare ya kumbura, ya ɗaga daɓen ya tsaga shi. Tsofaffin filaye da yawa haka suka lalace. Daɓe ya tsage, bututu ya fashe, ruwan gishiri ya tsiyaye, gyara kuma sai an fasa daɓen.

Ƙanƙarar kanta ba a yin ta da zuba ruwa lokaci guda. Ana sanyaya daɓen a hankali cikin 'yan kwanaki, don idan aka gaggauta siminti kan tsage. Sai a riƙa fesa ruwa kamar yayyafi, ya daskare, a sake fesawa. Bayan 'yan shimfiɗu sai a fesa farin fenti mai haɗin ruwa, shi ne farin da ake gani. A rufe shi da feshi, a ja igiya a zana jan layin tsakiya da shuɗɗan layuka biyu masu faɗin santimita 30, a shimfiɗa tambarin ƙungiya da na 'yan talla, sannan a ci gaba da ƙara ruwa har kauri ya kai santimita 3 ko kusa da haka. Duka-duka ruwan yakan kai lita 45,000. Fuskar ƙanƙarar hoki ana riƙe ta wajen digiri 5 ko 6 ƙasa da sifili don ta yi tauri da gudu. Masu rawar ƙanƙara sun fi son ta ɗan fi haka laushi, kuma inda fili ɗaya ake rabawa ba a rasa ƙorafi.

Takalmin 'yan wasa wuƙa ce a ƙasansa, cikin awa ɗaya sun kakkarce filin. Nan motar gyara ke shigowa, wadda kowa ke kira Zamboni, da sunan Frank Zamboni da ya ƙera ta a Kalifoniya a 1949, ko da ta wani kamfani ce irin Olympia. A ƙarƙashinta akwai wuƙa mai tsawon kusan mita 2 da ke aske saman ƙanƙarar. Wani ƙarfe mai murɗe irin na cikin injin markaɗe yana tattara askin ya haura da shi cikin tanki. Ana zuba ruwan wanki ya fitar da dattin cikin tsagogi a tsotse shi, daga ƙarshe a malala ruwan zafi mai digiri 60 zuwa 70, tawul yana biye yana baza shi. Ruwan zafi ake so domin iskar cikinsa ba ta da yawa, kuma yana ɗan narkar da tsohuwar ƙanƙara su haɗe su zama ɗaya. Zagayen bai fi minti 10 ba, ruwa wajen lita 500, kuma a ranar Asabar ana iya yin sa fiye da sau goma.

Direban da bai iya ba, filin ne ke tona shi. Yana rage gudu a kusurwa bai rage ruwa ba, sai gefuna su yi tudu tsakiya ta yi kwari. Shi ya sa ake da wani ƙaramin injin turawa na aske bakin katanga, kuma kowane mako ma'aikaci kan bi filin da injin huda da abin awo, ya huda wurare da yawa, ya rubuta kaurin kowanne a takarda. Ta yi kauri, kwamfaresa zai yi ta aiki yana shan wuta kuma saman ya yi laushi. Ta yi siriri, wuƙar takalmi ta kai fenti ko siminti. Ruwa mai yawan gishirin ƙasa yana ba da ƙanƙara mai dusu-dusu da laushi, don haka wasu filayen ke tace shi. A farkon kaka kuma, lokacin da waje ke da ɗumi da danshi, hazo kan cika zauren, ruwa ya taru a ƙarfen rufi yana ɗiga, kowane ɗigo ya daskare ya zama ƙullutu, idan ba a kunna na'urar busar da iska ba. Motar da ke amfani da gas, in injinta ya baci, hayaƙinta marar wari yakan kwanta a saman ƙanƙara daidai inda yara ke numfashi. Garuruwa da yawa sun koma mai batir saboda haka.

Mafi hatsari dai amoniya ce. A garin Fernie na lardin British Columbia, ranar 17 ga Oktoba 2017, ta kashe mutum uku a ɗakin injin filin garin, ma'aikatan gari biyu da makanikin kamfanin gyara ɗaya, aka kwashe mazauna gidajen kusa na kwanaki. Binciken hukuma ya gano ɗan ƙaramin rami a ɗaya daga bututun cikin tukunyar sanyaya, inda amoniya ke tsotse zafin ruwan gishiri. Amoniya ta riƙa shiga ruwan gishiri, da aka rufe bawul-bawul matsi ya taru har wani mahaɗin bututu ya kwance. Tun 2010 aka ba da shawarar canza tukunyar, aka yi ta ɗagawa saboda kuɗi, kuma an ga alamar yoyon watanni kafin ranar. Kada wani ya ce ɗage gyara halinmu ne mu kaɗai. Bambancin da nake gani shi ne a nan an fitar da rahoton kowa ya karanta, aka bi sauran filaye ana dubawa. Yanzu da wuya ka ga ɗakin inji ba na'urar jin amoniya, ƙararrawa, fankar fitar da iska da littafin da ake rubuta matsi da zafi a kowane zagaye.

Filin na hukumar gari ne, kuma kuɗin haya ba ya biyan abin da yake ci. Harajin gidaje ke cike giɓin, kowace shekara a tattauna a majalisar gari a bainar jama'a. A gida mun saba a gina filin wasa na gani na faɗa, a yanka kyalle, bayan shekara biyar famfo ya ƙafe, fitilu sun mutu, ba wanda aka ware wa kuɗin gyara. Filin ƙwallo yana iya jure wannan sakaci a ci gaba da buga wasa a kan turɓaya. Ƙanƙara ba ta jurewa. Idan wuta ta ɗauke aka rufe ƙofofi, takan riƙe 'yan awoyi. In ta wuce haka fenti ya kwaranye, aikin mako guda ya tafi. Masu tambaya ko za a iya yin irinsa a Kano ko Yamai, ana iyawa, tunda akwai a Dubai, akwai ƙarami a wani otal a Nairobi. Kuɗin wuta dare da rana ne zai kayar da mutum.

Sai dai ta wani gefen gida ya fi. Yaro a Zinder ko Zariya ƙwallo ɗaya da duwatsu huɗu sun ishe shi. A nan wasa ma sai da rajista. Hayar filin ta awa ce, daga dalar Kanada ɗari da 'yan kai zuwa sama da ɗari biyu, gwargwadon gari da lokaci, na yara ya fi sauƙi. Ƙungiyar da ba ta da gata ita ake bai wa ƙarfe shida na asuba. Kayan yaro ɗaya sun haɗa da takalmi, sanda, hular kwano mai ragar fuska da tambarin CSA mai nuna an tantance ingancinta, makarin wuya, na kafaɗa, na gwiwar hannu, na ƙwauri, safar hannu da wando mai katifa. Sababbi ɗaruruwan daloli ne, yaro kuma yana girma. Masu dabara gwanjo suke saye, ban da hular, saboda tsagewar cikinta ba ta nunawa. Ƙungiyoyin agaji irin KidSport da Jumpstart suna taimaka wa iyali masu ƙaramin ƙarfi da kuɗin rajista, sai an cike takarda. Takalmi a saye shi daidai ƙafa, ba a yi masa "zai girma ya cika shi", domin idon sawu zai riƙa karkacewa. Wuƙarsa ana wasa ta a shagon filin bayan 'yan awoyin wasa, wajen dala 10, kuma taku ɗaya a kan siminti ya isa ya dakushe ta, shi ya sa aka shimfiɗa roba tun daga ɗakunan canza kaya har bakin fili.

Ga mai zuwa kallo: katangar ta kai mita 1 da 'yan kai, gilashi mai kauri a samanta, raga a bayan gola, domin faifan robar da ake bugawa nauyinsa giram 170 ne kuma a daskare yake. Ana rataye na'urorin ɗumama a saman kujeru a filaye da yawa, amma sanyi ta ƙafa yake shiga, a sa safa mai kauri. A kantin abinci a tambaya kafin a saya, tsiran cikin burodi sau da yawa da naman alade a ciki. A wasannin Bandits da ire-irensu ana sayar da giya, ana kuma yawo da tikitin da ake raba kuɗinsa biyu tsakanin ƙungiya da wanda ya ci, caca ce ko da sunan taimako aka kawo ta. Wanda ke son gwada takalmin ba tare da shiga ƙungiya ba, akwai awoyin jama'a a jadawalin mako, da ɗan kuɗi kaɗan, wani lokaci kyauta idan wani kamfani ya biya.

Masu sana'ar gyaran firiji da na'urar sanyaya ɗaki su lura: aikin yana da daraja a nan, amma a Alberta ba a taɓa shi sai da takardar shaida, koyon kuma shekara huɗu ne a ƙarƙashin mai lasisi, ko a gabatar da shaidar ƙwarewar da aka zo da ita a zauna jarrabawa. Aikin kula da filin ya fi sauƙin shiga. Akwai gajeren kwas mataki na ɗaya da na biyu, yawanci ana neman lasisin tuƙi da takardar taimakon gaggawa, aikin kuma na dare ne da ƙarshen mako. Da bazara yawancin ƙananan filaye kan kashe inji, a kankare ƙanƙarar a kwashe da mota, a wanke daɓen. Lokacin ne ake kwance kwamfaresa, a gwada ruwan gishiri ko amoniya ta shiga, a gyara katanga, zauren kuma a ba da shi haya don baje koli, bikin yaye ɗalibai ko ɗaurin aure. A wasu garuruwan Musulmi kan kama shi su yi sallar idi, kuma sai an nema tun da watanni, don ranakun Asabar da Lahadi sukan ƙare da wuri.