Bulo, roba ko zobe: wace shadda ta dace da sabon gida?

Kafin a zo maganar kaya, duba ƙasar filin. Haƙa rami iya gwiwa, ka cika shi da ruwa da yamma. In gari ya waye ruwan na nan, yumɓu ne, ƙaramin sokawe ba zai shanye ruwan gida ba. Kowane iri ka zaɓa kuma, ya yi nisan mita 30 da rijiya ko burtsatse, har da na maƙwabci.

Tankin roba na mai gaggawa ne. Inda ruwan ƙasa ke kusa, aka kwashe shi da damina sai ya taso kamar gora. Zoben siminti kuwa rami ɗaya ne, kashi da ruwa a haɗe, ƙasan ya toshe, ya cika da wuri.

Tankin bulo mai ɗaki biyu, da sokawe daban, shi ne aiki. Ɗakin farko ya ɗauki kashi biyu cikin uku na tsawon, nan kauri ke kwantawa, ruwan da ke sama ya tsallaka na biyu, daga nan ya wuce sokawe. Bulo inci tara, a cika ramukansa da kankare, a yi daɓe a ƙasa, filasta a ciki. Fayif inci huɗu, na shiga ya kasance sama da na fita da kamar inci uku, kowanne da mahaɗa mai siffar T don kada kitse ya bi ruwa. A sa bututun fitar iska, kowane ɗaki da murfinsa.

Wurin da ake cutar mutane ke nan. Wani birkilan zai bar ƙasan tankin babu daɓe, ya ce "Alhaji, ai wannan ba ya cika har abada." Yana iya daɗewa bai cika ba, don rijiyarka yake tsiyayewa. Wani ya sa bulo inci shida, ya rage rodin murfi, mota ta taka ya rufta. Kada ka biya cikon kuɗi sai an cika tankin da ruwa ya kwana ka ga bai ragu ba. Masu tallan garin maganin "narkar da kashi" ka bar su da kayansu, duk shekara uku zuwa biyar sai an kwashe. Ranar da motar kwashewa ta zo, tsaya a kai ka zura gora, don wasu ruwan da ke sama kawai suke zuƙewa su bar kaurin. Kada a bar kowa ya shiga ciki, iskar tana kisa.