Zaɓen Dashen Fain da Danginsa Don Farfaɗo da Daji: Abin da Mai Saye Zai Auna

Duk wanda ya ƙuduri aniyar sake dasa filin da aka sare ko wanda gobara ta cinye, kuma ya zaɓi bishiyoyi masu ganyen allura, wato fain da sifurus da fir da lac (pine, spruce, fir da larch a Turance) da sauran danginsu, zai tarar masu raino suna sayar da dashe iri-iri, kowanne da shekarunsa da girmansa da yadda aka rene shi. Kafin a duba ko ɗaya daga ciki, ya kamata a fara tambayar abin da ya fi yiwuwa ya kashe dashe a wannan filin cikin shekaru 3 zuwa 5 na farko, domin a wannan tsakani ne ake yin mafi yawan asara. A wani fili fari ne, a wani sanyi mai daskarar da ƙasa, a wani kuma ciyawa ko ƙwaro ko dabbobin da ke cin toho. Amsar wannan tambaya ita ce ke nuna dashen da ya dace a saya, kuma wanda ya tsallake ta yakan ƙare da sayen dashe mafi tsawo ko mafi araha, alhali babu ɗaya daga cikin siffofin nan biyu da ke tabbatar da rayuwarsa.

Zaɓin jinsi ba ya buƙatar dogon bayani. Yawancin fain suna son rana sosai, suna jure ƙasa mai yashi da ƙarancin ruwa saboda uwar saiwarsu tana nutsawa ƙasa, kuma lac ma ba ya yarda da inuwa. Sifurus yana shimfiɗa saiwoyinsa kusa da sama, don haka yana son damshi kuma fari yana saurin taɓa shi. Ainihin fir, wanda masana ke kira Abies, yana iya girma a ƙarƙashin inuwar manyan bishiyoyi, amma dabbobin daji suna ƙaunar tohonsa.

Abin da ya fi jinsi wuyar ganewa, kuma a ganina ya fi kowane abu nauyi a wannan ciniki, shi ne asalin irin da aka shuka. Bishiyoyi biyu masu suna ɗaya suna iya bambanta ƙwarai idan kakanninsu sun rayu a wurare daban. Fir ɗin Douglas na gaɓar teku a yammacin Arewacin Amurka yana girma da sauri amma ba ya jure tsananin sanyi, shi kuwa na cikin duwatsu yana tafiya a hankali yana jure sanyi da fari. Dashen da irinsa ya fito daga can arewa yana daina girma ya rufe tohonsa da wuri, domin tsawon yini ne ke ba shi alama, don haka idan aka kai shi kudu sai ya yi asarar wani ɓangare na lokacin girma. Wanda aka ɗauko daga kudu ko daga kwari aka kai shi arewa ko kan tudu mai tsawo kuwa yana ci gaba da girma har sanyin farko ya same shi da ɗanyen toho. Babu idon da zai gane wannan a gandun raino, kuma kuskuren ba ya gyaruwa da taki ko ban ruwa, sai dai ya bayyana bayan shekaru, lokacin da kuɗin dashe da na aiki sun riga sun tafi. Saboda haka ne ƙasashe da yawa suka raba dazuzzukansu zuwa shiyyoyin iri bisa yanayi da tsayin wuri sama da matakin teku. A Tarayyar Turai, dokar da aka yi a 1999 ta kasa irin bishiyoyin daji gida huɗu, kuma inda ake amfani da takarda mai launi, rawaya tana nufin an san inda aka tsince shi kawai, kore tana nufin an zaɓi dajin don kyansa, ruwan hoda ta iyayen da aka zaɓa ɗaya bayan ɗaya ce, shuɗiya kuma ta irin da aka gwada aka tabbatar da ingancinsa. Mai raino da ya kasa faɗin inda irinsa ya fito, komai kyan dashensa, bai cancanci a saya a wurinsa ba.

Bayan asali sai yadda aka rene dashen, kuma a nan zaɓi biyu ne manya. Akwai dashe mai saiwa tsirara, wanda ake shukawa a kunya a fili, sannan a tumɓuke shi a kakkaɓe ƙasar a ɗaure shi dami-dami. Akwai kuma dashen mazubi, wanda ake renonsa a tire mai ramuka ko a leda, ya zo da dunƙulen ƙasarsa manne da saiwa. Na tsirara ya fi sauƙin kuɗi, yawanci ya fi kauri, kuma ba shi da nauyin ɗauka, shi ya sa har yanzu shi ne ya fi yawa a dashen fain na kudu maso gabashin Amurka. Rauninsa shi ne tumɓukewa tana yanke masa ƙananan saiwoyi da yawa, waɗanda suka rage kuma mintuna kaɗan a rana da iska sun isa su busar da su. Ba a tumɓuke shi ko dasa shi sai lokacin da ya daina girma yana hutawa, kuma a tsakanin nan dole a ajiye shi a sanyi, kusa da digiri 1 zuwa 2 na ma'aunin Salshiyas. Wanda ba shi da wurin ajiya mai sanyi, ko ba shi da ƙwararrun masu dasawa da za su gama aikin cikin ƴan kwanaki, zai gane cewa araha ba ta ado.

Dashen mazubi ya fi tsada, amma yana shiga rami da saiwarsa cikakkiya, yana ba da damar dasawa cikin lokaci mai faɗi, kuma yana da sauƙin dasawa a ƙasa mai duwatsu ko marar zurfi. Shi ne ya mamaye aikin dashe a Suwidin da Finlan da yammacin Kanada. Girman ramin mazubin yana farawa daga kimanin mililita 50 har ya wuce 300, kuma wannan bambanci yana da tasiri: ƙaramin dunƙule yana bushewa da sauri, kuma a ƙasa mai laka da damshi, daskarewa da narkewar ƙasa suna iya turo shi waje gaba ɗaya. Babbar illar mazubi ita ce naɗewar saiwa. Idan dashe ya daɗe a mazubi mai santsin ciki, musamman leda, saiwoyin suna zagayawa suna bin bango, kuma ba sa miƙewa bayan an dasa. Bishiyar tana iya yin shekaru tana kyau, sannan iska mai ƙarfi ta kayar da ita ko ta karya ta daga gindi. Mazuban zamani suna da layuka a tsaye a cikinsu da ke tura saiwa ƙasa, ko tsaguwa a gefe da buɗaɗɗen gindi inda iska ke tsayar da kan saiwa ta sa ta yi rassa. Mai saye ya zaro dashe da yawa daga tire daban-daban ya duba da idonsa: dunƙulen ya fito a haɗe ba tare da ya wargaje ba, kan saiwoyin ya zama fari ko mai haske, kada kuma a ga saiwoyi masu kauri sun yi ƙawanya a ƙasa.

A takardar mai raino ana rubuta shekarun dashe da lambobi biyu. Idan aka ga 2+0, ana nufin ya yi shekara 2 a kunyar da aka shuka shi ba a taɓa matsar da shi ba, 2+1 kuma yana nufin bayan shekara 2 an ciro shi an sake dasa shi a wata kunya mai tazara ya ƙara shekara 1. Wannan matsarwa tana sa saiwa ta yi yalwa, kara ya yi kauri, shi ya sa 1+1 ko 2+1 suka fi dacewa da fili mai ciyawa da yawa, ko da yake sun fi tsada kuma suna buƙatar rami mai faɗi.

Tsawo shi ne abin da ya fi yaudarar masu saye. Ma'aunin da ya fi nuna ko dashe zai rayu shi ne kaurin kara a daidai inda ya haɗu da saiwa. Masu aikin daji sukan raba tsawo a santimita da wannan kauri a milimita, kuma ana so sakamakon kada ya wuce 6, wato dashe mai tsawon santimita 30 ya kasance da kaurin milimita 5 ko fiye. Wanda ya zarce haka siriri ne da aka cunkusa a raino, iska za ta riƙa kaɗa shi, ciyawa ko ƙanƙara kuma su danne shi. Haka nan ana auna sama da ƙasa: ganye shi ke fitar da ruwa, saiwa ita ke jawo shi, don haka a busasshen fili ana neman dashen da nauyin samansa bai wuce ninki biyu na saiwarsa ba. Dashe mai koren ganye sharr da dogon ɗanyen kai a ƙarshen lokacin girma alama ce ta an cika masa takin naitrojin a makare, kuma irin wannan bai taurara ba balle ya jure sanyi ko fari. A nemi wanda tohon kansa ya rufe ya yi ƙarfi.

Kaurin kara yana da wani amfani a Turai da arewacin Asiya, inda ƙwaron Hylobius abietis yake hayayyafa a kututturen bishiyoyin da aka sare, manyansa kuma suna cin ɓawon dashe har su zagaye karan ya mutu. Siririn dashen mazubi yana mutuwa da ɗan cizo kaɗan, mai kauri kuwa yana iya warkewa. A filin da aka sare kwanan nan, zaɓin yana tsakanin sayen dashe mai kauri, ko wanda aka shafa wa karansa wani irin kaki ko yashi da gam, ko kuma a jinkirta dasawa na wasu shekaru har ƙwaron ya ragu, wanda shi kuma yana ba ciyawa damar kafuwa. Kankare ƙasa a bar dashen a tsakiyar tsurar ƙasa yana rage ɓarnar, domin ƙwaron ba ya son tsayawa a buɗaɗɗen wuri. A ƙasa mai sanyi da ruwa, dasawa a kan ɗan tudun da aka tara tana ɗumama saiwa, abin da ke da muhimmanci tunda saiwar waɗannan bishiyoyi ba ta yin wani girma idan zafin ƙasa ya sauka ƙasa da kimanin digiri 5.

Akwai abu guda da ba a rubutawa a takardar ciniki amma yana da kyau a tambaya. Fain da danginsa suna rayuwa tare da wani naman gwari da ke lulluɓe kan saiwoyinsu, yana taimaka musu jawo ruwa da sinadarin fosfaras. A filin da daji ya taɓa tsayawa, ƙasar tana da shi, don haka biyan ƙarin kuɗi saboda shi ba lallai ba ne. A filin da fain bai taɓa tsirowa ba kuwa, kamar tsohuwar gona ko wurin da aka haƙi ma'adinai, rashinsa yana sa dashe ya yi rawaya ya tsaya cik, kuma wannan ne ya kayar da yunƙurin farko na dasa fain a ƙasashe masu zafi da dama, har sai da aka kawo ƙasa daga ƙarƙashin tsofaffin fain aka zuba a gandun raino. Ta hanyar ɗaukar ƙasa ko dashe daga wuri zuwa wuri kuma cuta take tafiya. Cutar da ake kira tsatsar farin fain, wadda ta hallaka bishiyoyi masu ɗimbin yawa a Arewacin Amurka, ta shiga nahiyar ne wajen shekarar 1900 a jikin dashen da aka rena a Turai. Dashe mai tabo a kara, ko ganye mai jan zobe, ko saiwa baƙa mai wari, a bar shi inda yake, kuma a nemi shaidar lafiyar tsiro idan daga nesa za a kawo shi.

Kariya daga barewa da zomaye ita ma sayayya ce da ake yanke shawararta tare da dashen. Bututun roba rufaffe da aka ƙirƙira don bishiyoyi masu faɗin ganye bai cika yi wa masu ganyen allura kyau ba, domin yana matse rassansu yana sa su yi tsawo babu ƙarfi, raga mai barin iska ta fi shi. Idan filin babba ne, shinge yakan fi sauƙin kuɗi a kan kowace bishiya, musamman da yake tazarar mita 2 kowane gefe tana cin dashe 2,500 a hekta ɗaya.

Game da oda, dashen da ke buƙatar shekara 2 ko 3 a raino ba a samunsa da asalin da ake so idan aka zo a makare, don haka manyan masu dasawa suna ƙulla yarjejeniya da mai raino tun kafin a shuka irin. A rubuta a cikinta asalin iri, da mafi ƙarancin kaurin kara, da girman mazubi, da ranar tumɓukewa, a kuma nemi a kawo dashen kashi-kashi daidai da abin da masu dasawa za su iya gamawa, tare da ɗan ƙari daga wannan asalin don cike guraben waɗanda suka mutu a shekara ta biyu.