Faya-fayan Lucille Ball: hoto tas, amma an datse wurin dariyar

Saboda shirin barkwanci na I Love Lucy na sayi wannan ƙunshin DVD na 'yar wasan Amurka Lucille Ball, shirin da tashar CBS ta Amurka ta nuna daga 1951 zuwa 1957. Da farko ya burge ni. Baƙi da fari ne, amma hoton tas yake, domin tun asali a kan fim mai faɗin milimita 35 aka ɗauke shi, da kyamara uku, a gaban 'yan kallo, mai ɗaukar hoto Karl Freund yana kula da haske. Yawancin shirye-shiryen zamanin kai tsaye ake watsa su, sai a ɗauki hoton fuskar talabijin a ajiye, shi ya sa nasu ya dusashe.

Raina bai ɓaci ba sai a shirin da ya buɗe zango na biyu a 1952, na masana'antar cakulan. Ma'aunin hoton na asali 4:3 ne, wato faɗi huɗu, tsayi uku. Masu haɗa faifan sun so ya cika talabijin ɗin yanzu mai 16:9, sai suka datse sama da ƙasa, kashi ɗaya cikin huɗu na tsayin hoton ya tafi. To bel ɗin da ke kawo cakulan a ƙasa yake! Dariyar wurin duk a hannu take: bel yana ƙara gudu, Lucille da abokiyar wasanta Vivian Vance sun kasa naɗewa, suna wawura suna cusawa a baki da hula da cikin riga. A wannan faifan fuska da kafaɗa kake gani, 'yan kallo na ta ƙyaƙyata, kai kuwa rabin abin ya wuce ka. Da miƙe hoton kawai aka yi, da an mayar da talabijin kan 4:3 an huta. Wanda aka datse ba maɓallin da ke dawo da shi.

Sauti ba laifi. Amma kwalin ya ce tarihin aikin Lucille ne gaba ɗaya, alhali ko ɗaya babu daga finafinan da ta yi a kamfanin fim na RKO a shekarun 1930. Zancen yadda ta sayi kason tsohon mijinta Desi Arnaz a kamfanin Desilu a 1962, kamfanin da ya fitar da shirin Star Trek a hannunta, layi biyu aka ba shi. Haba!

Mai son saye ya sa a kunna masa shirin cakulan ɗin a shago. In ya ga baƙin fili a dama da hagu, hoton cikakke ne, ya biya. In ya cika fuskar talabijin taf, ya mayar da kuɗinsa aljihu.