Tsohon da ya gyara min jita a Tudun Wada

Shekara 11 ke nan ina cin abinci da jita a Gusau, ba kamfani, ba ubangida. Ni ke tsara waƙa, ni ke kaɗawa, ni ke ɗauka a ɗakina can tsakar dare idan janaretocin unguwa sun yi shiru, sannan in ɗora a Audiomack. Kuɗin cefane kuwa daga walimar makarantu yake fitowa, da dinar biki, da ɗan kiɗan talla na rediyo. Jitar ta katako ce mai waya shida, ba a jona mata wuta. Ran da ta kwanta, tukunyar gidana ta kwanta.

A hunturun bana ta kwanta. Da farko ƙarafan da ke jere a wuyanta suka fito ta gefe suna yankar min tafin hannu. Sai tsaga ta bayyana a fuskarta, siririya kamar gashi. Daga baya jakin da ke riƙe da wayoyin ya ɗaga ta baya, har katin waya yana shigewa ƙarƙashinsa. Na yi wautar ɗura masa gam mai kamawa nan take, irin na gyaran takalmi. Kwana biyu ya sake buɗewa.

Wani abokina mai goge ne ya kai ni wurin Baba. Rumfa ce ta kwano a wani lungu na Tudun Wada, babu allon suna. Kujerun tsugunno yake yi da allunan makarantar allo, a gefe kuma yana rufa ƙwaryar goge da fatar guza. Da na ga wurin, gabana ya faɗi. Ya karɓi jitar, ya ƙwanƙwasa fuskarta da bayan yatsa, ya sa hanci a ramin tsakiya ya shinshina, ya ce, “Ɗana, wagga ƙishirwa taka ji.”

Bai taɓa ta da ƙarfe ba ranar. Ya sassauta wayoyin, ya huda kwanon sabulu da ƙusa mai zafi, ya sa jiƙaƙƙen soso da ya matse a ciki, ya ajiye cikin jakar tare da jitar, ya zuge. Na ɗauka wasa ne. Ashe abin da masu ƙera jita ke faɗa ke nan: katakonta yana son danshin iska tsakanin kashi 45 zuwa 55 cikin ɗari, mu kuwa a nan hunturu kan sauke shi ƙasa da 20. Katako ya tsuke, ƙarfe bai tsuke ba, shi ya sa ƙarafan ke leƙowa. Da na dawo bayan mako guda, bakin tsagar ya kusa haɗewa da kansa.

Aikin jakin ne ya sa na sara masa. Ya ɗumama wata siririyar wuƙa a garwashi, ya riƙa cusa ta a hankali har jakin ya rabu da fuskar ba tare da ya ɓanɓaro katako ba. Ya kankare gam ɗina yana tsaki, bai ce min komai ba, wanda ya fi zagi ciwo. Ya shafa farin gam na kafintoci, ya ɗaure da wani matsi da ya haɗa da guntun katako da noti, ya zura shi ta ramin tsakiya. Wayoyi shida na ƙarfe suna jan wannan ɗan katako da nauyin da ya kai kusan kilo 70, dare da rana. Wata uku ke nan, ko farce ba ya shiga ƙarƙashinsa. Ƙarafan wuya kuma ya bi su ɗaya bayan ɗaya da magagari. Ɗan farin robar da wayoyi ke hawa a kan jaki ya lalace, sai ya sassaƙa min sabo da ƙashin saniya da ya karɓo wurin mahauta ya dafa. Muryarta ta ƙara fitowa tar, musamman wayoyin sama.

Amma duk mai niyyar zuwa ya tafi da haƙuri a aljihu. Ya ce kwana goma, sai da ta yi 19. Wayarsa ƙarama ce, kullum tana caji a shagon wani. A tsakanin nan aka kira ni dina, dole na je Sabon Gari na ari jitar wani abokina da ke kiɗa a coci. Sannan kunnen Baba na goge ne, kuma goge ba shi da ƙarafa a wuya, yatsa ne ke neman sauti. Saboda haka ƙashin farko ya yi tsayi, wayoyi suka yi nisa da wuya, sautin ƙarfe na 12, wanda shi ne tsakiyar waya daidai, ya haura inda ya kamata. Yini guda na yi a kan bencinsa da manhajar saita sauti, yana gogawa ina gwadawa, har tazarar babbar waya ta sauko wajen milimita biyu da rabi. Sandar ƙarfen da ke cikin wuyan kuwa ya ƙi taɓa ta, ya ce bai san ta ba. Ni na juya ta da alanki a gida. Tabon tsagar ma yana nan, duk wanda ya matso zai gani.

Naira 12,000 ya karɓa, wayoyi ni na aiko da su daga Kano. Da zan tafi ya ce idan damina ta faɗi in cire soson, sannan ya ce in ɗan kaɗa masa. Na yi masa wani sabon kiɗa da nake tsarawa. Ya saurara har ƙarshe yana kaɗa ƙafa, ya ce, “Madalla. Amma waya shida don abin da goge ka yi da tsirkiya guda?”