Kafin Ka Biya Kuɗin Koil: Sabo, Ɗan Baljiyam, Ko Na Kwali Mai Ƙyalli?

A Hawan Kibo motar ta fara nuna mini halinta. Muna dawowa Jos daga Abuja da yamma, mu huɗu a ciki, but cike da doyar da muka saya a hanya. Corolla ce ƙirar 2005, ta sha duniya amma ba ta taɓa ba ni kunya ba. A shimfiɗaɗɗen titi lafiya lau take tafiya. Muna kama hawan na ƙara taka totur, sai ta shiga fizga kamar mai shaƙuwa, fitilar cek injin tana ƙiftawa. Da muka ƙure hawan sai ta koma lumui, ka rantse ba ita ba ce.

Washegari na kai ta gareji a Farin Gada. Ban gama bayani ba yaron gareji ya ce, "Alhaji, koil ne, huɗun za a canza." Ogansa yana ƙarƙashin wata Sharon, bai ko ɗago kai ba ya ce, "Kai, wa ya gaya maka? Ɗauko sufana lamba 10." Abin da ya yi a minti ashirin da suka biyo baya shi ne ya hana ni zubar da kuɗin koil uku a banza, don haka da shi zan fara kafin mu shiga kasuwa.

Ya sa mata na'urar sikanin, ta nuna P0303, wato silinda ta uku ce ke missin. Sai ya kwance koil na uku ya musanya shi da na ɗaya, ya goge lambar, muka zaga ta hanyar Zariya ina taka ta a babbar giya. Da muka dawo na'urar ta nuna P0301. Ciwon ya bi koil ɗin zuwa sabon gidansa, magana ta ƙare. Da lambar ta tsaya a kan ta uku, to koil ba shi da laifi, sai a koma kan fulogi, ko nozul, ko ƙarfin matsi na silindar. Lambobi P0301 zuwa P0304 suna faɗin silindar da ke fashin aiki ne kawai, ba sa faɗin dalili. P0300 na nufin missin ɗin yana yawo ba a wuri ɗaya ba, kuma nan an fi samun laifin a mai ko iska. P0351 zuwa P0354 su ne ke nuna layin wutar koil ɗin kansa, amma ko a nan wani lokaci soket ne ya saki ko ɓera ya ci waya. Duk motar da aka ƙera don kasuwar Amurka daga 1996 tana da ramin sikanin nan a ƙarƙashin sitiyari, motocin fetur na Turai kuma daga 2001.

Wata al'ada da nake roƙon a daina: ɗaga koil daga kan fulogi mota tana silo don a ji ƙarar tas-tas. Jin ƙarar ba shaidar lafiya ba ce, domin koil mai ciwo ma yana tartsatsi a sarari. Kuma tilasta wa wutar tsallaka babbar tazara yana ƙara huda rufin cikinsa. In ba na'ura, a zare soket ɗaya bayan ɗaya a saurari injin. Wanda aka zare sautin bai canza ba, a nan matsalar take.

Dalilin da ya sa sai a hawa abin ya bayyana yana cikin aikin koil ɗin. Batir bolt 12 yake bayarwa, fulogi kuwa yana neman dubbai, daga kamar 20,000 har zuwa 40,000 a motocin zamani. Koil ƙaramar taransifoma ce mai naɗi biyu na wayar jan ƙarfe, ɗaya mai kauri mai zagaye kaɗan, ɗaya siriri mai zagaye dubbai. Idan ka buɗe totur a kan tudu da kaya, matsin cikin silinda yana ƙaruwa, wutar da ake buƙata don tsallaka bakin fulogi ita ma ta ƙaru. In akwai 'yar tsaga a jikin koil ko robarsa, wutar sai ta bi nan ta zube a jikin injin. Danshi ma haka yake yi, shi ya sa a Jos da yawa suke fara jin missin da sanyin safiyar Agusta, ko ranar da aka wanke musu injin da ruwa mai ƙarfi. Fitilar da ke ƙiftawa kuma ba ado ba ce. Tana cewa ɗanyen fetur na gangarawa salansa yana dafa katalis, abin nan da makanikai ke kira indomi, wanda kuɗinsa ya ninka na koil sau da yawa.

To an tabbatar koil ne. Kafin ka nufi kasuwar kayan mota ta Dilimi ka san irin wanda motarka ke ɗauka. Tsofaffi irin su Peugeot 504 da 505 da Golf 2 koil ɗaya suke da shi, yana tura wuta zuwa dilko, dilko ya raba wa fulogai ta wayoyi. Irin waɗannan in koil ya mutu ba missin za ka ji ba, motar ce za ta mutu gaba ɗaya, sau da yawa in ta yi zafi, ta huce kuma ta tashi. Wasu tsofaffin Honda koil ɗin a cikin dilkon yake zaune. Camry mai siririyar fitila, 1997 zuwa 2001 mai silinda huɗu, koil biyu gare ta, kowane yana ba fulogi biyu wuta, don haka in ɗaya ya lalace silinda biyu ne ke ɗaukewa tare. Peugeot 406 mai injin EW10 doguwar sanda ce guda ɗaya ta rufe fulogai huɗun, ba a musanya ta kuma ba a sayen rabinta. Sai Corolla daga 2003, Camry daga 2002 da Accord daga 2003, waɗanda kowane fulogi yana da nasa a kai.

Mai tsohuwar mota mai kwantak ya kula da abu ɗaya. Koil ɗinta naɗin farko, wato mai kaurin nan, yana da juriya kamar om 3, ko om ɗaya da rabi in akwai balas, wato abin rage wuta, a layin. In aka ɗaura mata koil na motar zamani marar kwantak mai ƙarancin juriya don "ya fi wuta", kwantak ne zai riƙa ƙonewa kana zargin kwandansa. Irin wannan koil rewaya zai iya auna maka shi da mita a gabanka. Na Toyota mai fin huɗu kuwa mita ba ta faɗin gaskiyarsa, domin akwai ƙaramar na'urar kunna wuta a cikinsa. Gwajinsa kawai a ɗora a mota.

Yanzu kasuwa. Abu uku za a ɗora maka a kan kanta, ko da an kira su da suna goma.

Na farko ɗan Baljiyam, wanda aka ciro daga injin da aka shigo da shi. Amfaninsa shi ne folokom ne, kamfanin da ya yi wa motar tun asali shi ya yi shi: Denso a Toyota, Bosch ko Beru a Volkswagen, Sagem ko Valeo a Peugeot. Illarsa ba ka san tafiyar da ya yi ba. Koil ɗin da ya fito daga injin 2005 ya shekara ashirin yana shan zafi, sa'an naka ne da ya mutu. Wata illar kuma, ba duk abin da ke cikin buhun Baljiyam ne ya tsallako teku ba. Akwai waɗanda aka tsinto a garejin cikin gari, aka wanke da fetur aka goge. Ka riƙe shi ka kai shi haske. Duba jikin sandar ko akwai siririn layi fari ko baƙi kamar an zana da fensir, wannan sawun wuta ne da ta saba bi. Matsa robar ƙasa, in ta bushe ta yi tauri ko ta kumbura don shan baƙin mai, ajiye. Leƙa ciki ka ga sifirin bai yi tsatsa ba, kunnen soket bai karye ba. Wanda aka naɗe da salatif ko aka shafa wa gam, ko kyauta ne kada ka karɓa. Sannan ku yi magana a fili tun kafin kuɗi su fita: "Oga, zan ɗora in hau tudu da shi, in ya yi missin zan dawo maka da abinka." Mai kaya na kirki zai sa masa alama da fenti ya ba ka kwanaki. Wanda ya ce in ka fita shago shi ke nan, ya riga ya gaya maka abin da yake sayarwa.

Na biyu sabo na gaske, daga Denso, NGK, Bosch, Delphi ko Hitachi. Shi ya fi tsada, wani lokaci ninkin ɗan Baljiyam ko fiye, kuma farashinsa da dala yake tashi da kwanciya. Amma shi kaɗai ne za ka ɗaura ka manta shekaru. Wahalarsa samun na gasken, wanda ya kawo mu kan na uku.

Na uku sabo ne fil, kwalinsa har ya fi na asali kyau, an buga sunan babban kamfani a jiki, farashinsa kuma ƙasa da na ɗan Baljiyam. Nan ne na taɓa ƙonewa, shekara biyu kafin labarin Hawan Kibo, a motar matata. Na saya a wani shago ina murna na yi ciniki. Mako shida ya yi. Ranar da ya mutu mun fasa shi da guduma don ganin ƙwaƙwaf, wayar ciki 'yar kaɗan, sauran duk roba. Jabun koil yakan fi na asali sauƙi a hannu, rubutun jikinsa yakan yi shafe-shafe ko ya karkace, bakin robarsa da kaushi-kaushi. Ka tafi da tsohon naka ka auna su hannu da hannu. Amma gaskiya masu jabu sun ƙware, babbar alama ita ce kuɗin: in an ce maka sabon Denso ne kuma bai kai kuɗin tsohon Denso ba, araha ba ta ado. Ba duk ɗan Chana ne mugu ba, kada a fahimce ni a karkace. Akwai masu sayar da kayansu da sunan kansu, ba su ari na kowa ba, kuma suna ɗan jimawa. Na fi yarda da wanda ya ce mini "wannan ɗan Chana ne mai daraja ta ɗaya" a kan wanda ya rantse mini orijina ne a rabin kuɗi.

Kowanne ka zaɓa, lambar jiki za ka bi, ba kama ba. Na Toyota yawanci suna farawa da 90919. Na Corolla mai injin 1ZZ shi ne 90919-02239, na Camry mai 2AZ kuma 90919-02244. A ido 'yan uwa ne, soket ɗin ma yakan shiga, amma ba lallai tsayi da zaman su zo ɗaya ba. Koil ɗin da bai zauna daram a kan fulogi ba yana barin tazara, tazarar ce za ta cinye shi.

Ɗaya za a canza ko duka? A mota mai silinda huɗu, inda ƙusa ɗaya ce ke riƙe da kowane koil kuma minti biyar ya isa, ban ga dalilin zubar da uku masu aiki ba. Canza wanda ya mutu, ka sayi ɗan Baljiyam guda na ajiya ka jefa a aljihun mota tare da sufana lamba 10. Tsoffin Denso uku sun fi sababbin jabu huɗu, kuma wannan musanya ce da ake yi wa mutane kullum, su tafi da jabu, nagartattun su koma buhu. In an canza maka, karɓi tsofaffinka.

Lissafin yana juyawa a motoci masu silinda shida irin Sienna da Camry V6, waɗanda direbobin Jos zuwa Abuja suka san su sarai. Koil uku na gaba a fili suke. Uku na baya, silinda 1 da 3 da 5, suna can jikin bango, kuma a yawancinsu sai an sauke manifol na sama kafin hannu ya kai yadda ya kamata. Nan kuɗin aiki ne babba. In an riga an buɗe, sa sababbi na gaske a baya tare da sababbin fulogai da gaskit, tsofaffin bayan masu lafiya kuma su zama ajiyarka ta gaba. Sa ɗan Baljiyam da ba a gwada ba a can baya caca ce. Mai 406 kuwa tunda sanda ɗaya ce duk motar ta dogara da ita, in aljihu zai ɗauka ya nemi sabuwa. In ba hali, ɗan Baljiyam da sharaɗin gwaji, amma a gwada shi injin da zafi, don wasu sai sun gasu suke nuna hali.

Saura abin da ya kashe na farkon, domin koil ba kasafai yake mutuwa haka kawai ba. Da makanikin nan ya zaro fulogina na uku, bakinsa ya cinye ya buɗe har ana gani da ido, alhali milimita 1.1 ya kamata ya kasance. Fulogin da ya buɗe baki yana sa koil ya riƙa ƙure ƙarfinsa a kowane bugu. Ramin fulogin kuma da ɗan baƙin mai kwance a ƙasa, gaskit ɗin murfin injin ya fara yoyo, man yana jiƙa robar. Da na ɗora sabon koil a kan wannan, da shi ma ya bi sahu, in dawo ina zagin mai shago. Fulogi ma ana jabunsa sosai, musamman mai iridiyam, don haka a saye shi inda aka yarda da su, huɗun gaba ɗaya iri ɗaya.

A ƙarshe abin da na saya ranar: ɗan Baljiyam Denso guda biyu, ɗaya a mota ɗaya a ajiya, fulogi huɗu sababbi, da gaskit. Mai kayan ya ɗiga musu jan fenti ya ba ni mako guda. Ranar Asabar na cika ta da yara muka gangara har Forest, can ƙasan hawan, muka juyo, na kama Hawan Kibo a giya ta uku, ƙafata a ƙasa, idona a kan fitilar.