Shagon Mushe, da kalmar da ya zagaye da jan biro

Shekara goma sha ɗaya ke nan ina riƙe da littafin ƙungiyarmu ta ƴan albasa a nan Tawa, a Nijar. Ba wai na fi kowa kai ba ne. Ni kaɗai ne a cikinmu na kai turwaziyem kafin a cire ni daga lakwal a ɗora ni bayan kamiyo. Faransanci ina taɓawa daidai gwargwado. Ingilishi kuwa, wanda aka fara koya mana tun siziyem, abin da ya rage mini bai wuce gaisuwa da ƙidayar buhu ba.

Kuma hakan bai taɓa hana ni barci ba, don albasar Galmi da muke lodawa zuwa Gana da Hausa ake cinikinta, tun daga bakin gona har Kumasi da Ankara, babban birnin ƙasar. Ko da aka tashi ƴan albasa daga kasuwar Agbogbloshie ta cikin Ankara a 2021 aka mai da su Adjen Kotoku da ke bayan gari, dillalanmu suka bi kaya, mu kuma muka ci gaba da saƙon murya ta WhatsApp kamar ba a yi komai ba.

Sai bana, cikin zafin Afrilu, motarmu ta lalace kusa da Tamale da kaya shaƙe. Wanda ya san albasa ya san abin da kwana uku a rana ke yi mata cikin buhu: ta sama ta yi zufa, ta ƙasa ta fara ruwa, ƙuda ya taru. Mai sayen kayan, wani mutumin Kumasi wanda Hausarsa ba ta wuce "sannu" ba, ya turo wata mota da kuɗin aljihunsa aka juye kayan, kuma da ya tashi biya bai rage mana ko dala ba. Shugabanmu ya ce irin wannan mutum ba a gode masa da saƙon murya. A rubuta masa takarda, a buga hatimin ƙungiya, cikin harshen da yake karantawa.

Ɗan ƙanwata da ke jami'a shi ya yi mini aikin farko. Ina faɗa da Hausa, yana sawa cikin Faransanci, wayarsa tana juyawa zuwa Ingilishi. Da ya gama sai ya ce takardar ta yi lami, bari ya sa mata gishiri. Na ce ina son mutumin ya ji godiya ce cikakkiya, mai tarin yawa. Ya yi ta latse-latse, can ya ce, "Kawu, na samo wata kalma da ko ƴan Gana sai sun jinjina mana."

Da wannan takarda muka tafi shagon da nake son in ba ku labari. Yana bayan kasuwa, tsakanin wani tela da mai cajin waya, ƙofar kwano mai shuɗin fenti da ya fara ɓarewa. Ciki akwai kwamfuta biyu, injin fotokofi, benci guda, da fanka mai kuka kamar tana neman bashi. Mai shagon tsohon malamin Ingilishi ne da ya yi ritaya, kowa Mushe yake ce masa. Baƙinmu na Najeriya in suka ji ana kiran dattijo haka sai su zare ido, sai mun bayyana musu cewa a nan malamin lakwal ake nufi, ba abin da ya mutu ba yanka ba.

Bugu kawai na je a yi mini, dala ɗari shafi. Na miƙa wa yarinyar da ke kan kwamfuta, sai Mushe ya miƙo hannu daga kujerarsa ya karɓe. Ya ce takardar Ingilishi ba ta fita daga shagonsa sai ya karanta, ko mai ita ya so ko bai so ba. Yana da jan biro ɗaure da zare a ƙafar tebur, don a cewarsa ɗalibai sun sace masa biro na shekara talatin. Ya gyara tabarau, yana bi layi-layi da bakin biron, ya sa waƙafi nan, ya soke harafi can. A layi na huɗu ya tsaya cak. Ya zagaye kalma guda, ya sake zagaye ta, sannan ya dube mu ta saman tabarau.

"Wa ya rubuta wannan?"

"Ni ne, Mushe," in ji ɗan ƙanwata.

"A ina ka tsinto ta, ɗana?"

Jimlar ita ce "Please accept our fulsome thanks", kalmar da ke cikin jan zobe kuma "fulsome". Ana furta ta kamar "fulsam".

Mushe bai yi faɗa ba. Ya jawo wani ƙamus daga ƙasan tebur, mai kaurin bulo, bangonsa an ɗinke shi da ƙyallen kaki, gefen shafukan ya yi ja saboda ƙurar hunturu. Ya lashi yatsa ya buɗe, ya juyo mini da shi kamar zan iya karantawa. Ya ce kalmar gida biyu ce: "full", wato cikakke, da wutsiyar "some", wadda ke jikin kalmomi irin su "handsome" da "troublesome". In aka haɗa su lam guda ake rubutawa, ba biyu ba. Tun ƙarni na 13 take cikin Ingilishi, kuma a wancan zamani ma'anarta ita ce abin da yaron ke nema: mai yawa, mai yalwa, wadatacce. Daga nan aka shiga faɗinta a kan mutum mai ƙiba, wanda ya ci ya ƙoshi. Sai ta zarce zuwa abin da ya yi yawa har ya tayar da zuciya. Wasu masana suna ganin kamanninta da "foul", mai nufin ƙazanta, ya taimaka wajen jan ta can. Zuwa ƙarni na 17 ta zauna a kan magana: yabo ko godiya da aka cika wa mai har mai ji ya gane ba daga zuci ta fito ba.

Nan ne ya yi abin da ya sa na ce kuɗina bai tafi a banza ba. Ya rufe ƙamus ya ce, "Alhaji, ka taɓa cin shinkafar biki da aka zuba wa man shanu har ya kwanta a gindin kwano?" Na ce sau nawa. Ya ce, "Loma uku ta farko daɗi. Ta biyar fa?" Na ce ta ginshe ni. Ya buga tebur. "Ita ke nan. Ginsa. Ba cewa aka yi abincin ba kyau ba, yawansa ne ya juya maka ciki. In Bature ya ce yabonka 'fulsome' ne, yana nufin ka yi masa bambaɗanci, tumasanci irin na mai neman a sa hannu a aljihu." Ya ƙara da cewa a ƙamus na Ingilishi da Faransanci abin da za ka fi gani a gabanta shi ne "excessif" ko "exagéré". Wato mun rubuta wa mutumin da ya ceci dukiyarmu cewa ga godiyarmu ta daɗin baki, ya daure ya karɓa.

Zufa ta keto mini, ba ta zafin shagon ba. Amma yaron bai saki ba, kuma ban ga laifinsa ba. Ya ciro waya ya nuna: ga shi nan an rubuta mai yawa, mai karimci, cikakke. "Mushe, ai ba ni na ƙirƙira ba."

Na zaci tsohon zai ce wayar ƙarya take yi, don haka tsofaffin malamai suka saba. Bai ce ba. Ya karɓi wayar ya nisanta ta da idonsa ya karanta, ya ce gaskiyarka. Tsohuwar ma'anar ta dawo a ƙarni na 20, kuma yau za ka ji ƴan siyasa da ƴan jarida a Ingila da Amurka da Kanada suna neman "fulsome apology", suna nufin cikakken neman gafara, ko su ce za su ba da amsa "more fulsome", wato mai ƙarin bayani. A wajen jana'izar manya ma ana rubuta "fulsome tribute" da nufin alheri. Masu tsaron harshe suna ta ƙorafi a kai shekara da shekaru, jama'a ba su fasa ba. Manyan ƙamusoshi na yanzu suna kawo ma'anonin biyu, wasu har da gargaɗi a ƙasa.

"To, ka gani," in ji yaron.

"Na gani. Yanzu faɗa mini, wannan mutumin Kumasi, a wace makaranta ya yi? Malaminsa na wane ɓangare ne?" Yaron ya yi shiru. "Ba ka sani ba, ni ma ban sani ba. In yana cikin masu jin ta da alheri, ka ci riba kaɗan: ya ce ƴan Nijar sun iya babbar kalma. In yana cikin ɗaya ɓangaren, ka zage shi a takarda mai hatimi. Kawunka ɗan kasuwa ne, tambaye shi ko yana lodin buhun da bai san abin da ke cikinsa ba."

Ya soke ta ya rubuta "heartfelt" a sama, ya ce godiya ce daga zuci, kuma ba ta da fuska biyu. Ya ce ko "sincere" ma ta isa. Sannan ya bi sauran gishirin yaron ya kwashe kusan rabi. Takardar da ta cika shafi ta dawo layi tara. Ni da na saba da wasiƙar Faransanci mai doguwar wutsiya ta gaisuwa, na ga kamar mun yi rowa. Ya ce wasiƙar kasuwanci ta Ingilishi haka take, a faɗi abin da mutum ya yi, ranar da ya yi, a gode, a sa hannu. Ya sa muka rubuta ranar da motar ta lalace da adadin buhunan da aka juye. Ya ce wannan shi zai nuna masa ba mu manta ba, ba manyan kalmomi ba.

Yanzu bari in faɗi inda shagon ya gaza, kada ni ma a ce na yi "fulsome".

Mushe ba ya sauri, kuma ba ya son a sa shi. Aikin da na zaci na minti ashirin ya cinye mini daga hantsi har kiran azahar, kuma rabin lokacin darasi ne da ban biya kuɗinsa ba, ban kuma roƙa ba. Ni ya yi mini daɗi. Amma akwai wata baiwar Allah a kan benci da takardun ɗanta na jarrabawa, fotokofi biyu kawai take so, ta zauna tana ta tsaki har ta tashi ta tafi. In malam ya shiga tarihin kalma, ko gobara ake yi sai ya kai aya. Na biyu, wuta ta ɗauke ana tsakiyar bugu, kuma shagon ba shi da janareta ko batir, sai aka ce in dawo gobe. Na dawo, na tarar yarinyar ta juya lambobi biyu a lambar wayar ƙungiya. Mushe ya karanta Ingilishin sau biyu, lambar kuwa ko kallonta bai yi ba, don ba ita ce sana'arsa ba. Da ban duba da kaina ba da haka ta tafi Kumasi. Tawadar firintar ma ta kusa ƙarewa, bugun farko ya fito fari-fari kamar an wanke shi, sai da aka ciro kwalbar aka girgiza.

Kuɗi: jaka biyu na gyara, dala ɗari na bugu, jaka biyu da rabi ke nan. Fassara daga tushe ta fi haka, kuma da shafi yake lissafi. Ba ya ragi. Na gwada, sana'ata ce, ya ce albasa ake tayawa.

Abu guda da na yaba masa, ya san iyakarsa. Ina zaune wani saurayi ya kawo takardar haihuwa da difloma yana son a fassara don neman karatu waje. Mushe ya ce zai iya fassarawa, amma sa hannunsa ba shi da nauyi a ofishin jakadanci. Irin wannan sai mai fassarar da ya yi rantsuwa gaban kotu, ya nemi irinsu a Yamai. Ya mayar masa da takardunsa bai karɓi ko dala ba. Wani shagon da sai a karɓe kuɗin yaro a buga masa hatimin banza.

Tun da kundin tafiyar da mulkin Nijar da aka kafa a watan Maris na 2025 ya ce Hausa ce harshen ƙasa, Ingilishi da Faransanci kuma harsunan aiki, ina jin takardun Ingilishi za su ƙaru a hannun irinmu. Mai wasiƙa zuwa Gana ko Najeriya, mai neman aiki a ƙungiyoyin agaji, ɗalibin da waya ta juya masa rubutu yana son ido na biyu, duk ina ba su shawara su je. Su je da sassafe kafin benci ya cika, su duba lambobinsu da sunayensu da kansu, kada kuma su sa wani alkawari kafin azahar. Mai fotokofi kawai ya wuce gaba, akwai wasu shagunan a layin.

Mutumin Kumasi ya amsa bayan mako biyu, da saƙon murya, ta bakin wani dillalinmu. Ya ce ya sa takardar a gilashi ya rataye a ofis, kuma yana son mota biyu kafin damina.

Daftarin farko mai jan zobe yana wajen yaron, ya ƙi ba ni. Ranar sunan jikan shugabanmu, maroƙi ya tsaya a kan Alhaji, shugaban namu, yana zuba masa kirari, ya kai shi har zuriyar sarakunan Adar, alhali duk mun san kakansa jakai yake kora zuwa Ƙonni. Alhaji yana murmushi yana laluben aljihu. Yaron ya matso kusa da kunnena ya ce, "Kawu, wannan ta wace ma'anar ce, ta ƙarni na 13 ko ta 17?" Na taka masa ƙafa, don shugaba yana kallonmu.