Naushad ko R.D. Burman: wa ya fi a kiɗan fim?

Ɗan'uwa, tambayarka ta yi min daɗi: tsakanin Naushad da R.D. Burman, wa ya fi iya tsara kiɗan finafinan Indiya? Mu Hausawa mun haddace sunayen jarumai, mun san muryar Lata Mangeshkar da ta Mohammed Rafi, amma wanda ya zauna ya ƙera raujin da tela yake bi a kan keken ɗinkinsa, da wuya ka ji an ambace shi.

Ni dai Naushad nake ɗauka, sai dai ba zan tauye wa Burman haƙƙinsa ba.

An haifi Naushad Ali a birnin Laknau a 1919, a gidan Musulmi masu riƙo da al'ada. Mahaifinsa magatakardan kotu ne, kuma bai yarda ɗansa ya zama makaɗi ba, abin da Bahaushe zai gane ba sai an yi masa bayani ba. Yaron ya riƙa gyaran harmoniyam, wato ƙaramin abin kiɗa mai kama da piyano da ake zuga wa iska, a wani shagon kayan kiɗa, yana kuma zama kusa da makaɗan da ke raka finafinai marasa magana a silima. A 1937 ya bar gida ya nufi Bombai, har kwanan bakin titi ya yi kafin ya samu wurin tsayawa. Fim ɗin Rattan na 1944 ne ya fito da sunansa. Shi kuwa Burman gado ya tarar. An haife shi a Kalkata a 1939, mahaifinsa S.D. Burman babban mai tsara kiɗan fim ne, kuma a gefensa ya koyi aikin.

Inda suka rabu sosai shi ne wurin da kowa yake ɗebo ruwansa. Naushad daga raga yake ɗebowa, wato tsoffin ma'aunan rauji na Indiya, da kuma waƙoƙin ƙauyukan jiharsu ta Uttar Pradesh. A Baiju Bawra na 1952 ya ɗora waƙoƙin kan raga, kiɗan da ake ganin na fada ne da na masana, sai ga talakawa suna rera su a titi. Da wannan fim ya karɓi kyautar Filmfare ta mai tsara kiɗa a 1954, shekarar da aka fara bayar da ita. A Mughal-e-Azam na 1960 ya shawo kan Bade Ghulam Ali Khan, babban malamin waƙar gargajiya da ba ya son yi wa fim waƙa, har ya rera. Da Naushad ya buƙaci amsa-kuwwa irin ta zauren sarki, ɗakin ɗaukar sauti ba shi da na'urar yin haka, sai ya sa Lata ta rera a banɗaki domin muryar ta daki bango ta dawo.

Sannan ga Mother India na 1957, wanda ya daɗe yana cika silima a Arewa. Waƙoƙin noma, na rakiyar amarya, na uwar da bashi ya danne, duk aikin Naushad ne. Duk lokacin da na ji waƙar rakiyar amaryar nan, ƴan matan unguwarmu nake tunawa a daren kai amarya, ana waƙa ana hawaye. Ba ya gaggawa: finafinansa ba su kai 100 ba a aikin sama da shekara 60.

Burman ya yi sama da 300. Tun daga Teesri Manzil na 1966 ya shigo da jitar lantarki da gangunan Turawa da kiɗan Kudancin Amurka, kuma komai a hannunsa kayan kiɗa ne. Ƙarar cokali a jikin kofin gilashi ya buɗe wata waƙa da ita a Yaadon Ki Baaraat na 1973, a Sholay na 1975 kuma bakin kwalba aka busa. Kada ka ɗauka rawa kawai ya iya. Amar Prem na 1972 ya nuna shi ma ya san raga ciki da bai. Abin da ya rage masa maki a wurina shi ne aro: wasu shahararrun waƙoƙinsa raujinsu daga waƙoƙin ƙasashen waje ya samo, ko da yake yakan yi musu ado su zama kamar nasa.

Ƙarshensa yana taɓa min zuciya. A ƙarshen shekarun 1980 finafinansa suka riƙa faɗuwa a kasuwa, masu shirya fim suka juya masa baya, ga ciwon zuciya. Ya rasu ranar 4 ga Janairu 1994 yana da shekara 54, kafin a saki 1942: A Love Story, fim ɗin da ya dawo masa da martaba. Bayan ransa aka ba shi kyautar Filmfare a kansa. Naushad ma zamani ya ɗan ture shi gefe bayan shekarun 1960, amma ya ga girmamawa da idonsa: ya karɓi kyautar Dadasaheb Phalke ta 1981, mafi girma a harkar fim a Indiya, ya rayu har 2006.

In kana da lokaci yau da daddare, ka saurari waƙoƙin Baiju Bawra, ka bi su da na Amar Prem, sai ka dawo ka faɗa mana wanda kunnenka ya zaɓa.